Abin da Ya Sa Ba a Goge Waƙoƙin Ubanku Ba

Ku 'ya'yan Nafisa, wannan babin naku ne, don na san maganar ta iso kunnenku gutsuri-gutsuri, kowa da gishirin da ya ƙara mata. Wasu sun ce kakarku ce ta raba zuriyar Malam Usmanu biyu saboda kiɗa. Wasu sun ce tun lokacin tsufa ya fara taɓa ni. To ni ce dai Kulu, da hankalina na yi abin da na yi, kuma ga yadda aka yi.

A shekarun nan da Makka ta cika da injinan gini, ana rushe wannan unguwa ana ta da wancan bene, muna zaune a unguwar Hindawiyya, a gidan da kakanku Malam Usmanu ya rasu ya bar mu. Mu uku ne: ni, da kawunku Abdul'aziz da kowa ke ce wa Azuz, da uwarku. Azuz yana jan tasi, Nafisa tana yi wa alhazai masu jin Turanci tafinta a wani ɗan asibiti, ni kuwa tuwo nake tuƙawa. Ranar Juma'a in an sauko masallaci, ɗaliban da suka zo karatu daga Najeriya sukan cika mini falo, kewar miyar kuka ta koro su. A cikinsu akwai wani Bakano, Malam Sani, wanda bakinsa ba ya hutawa sai in ya cika shi da loma. Shi ne wata Juma'a ya shigo da wani dogon Bature da rana ta ƙona wa hanci, ya ce tare suke ajin koyon Larabci, mutumin Kanada ne, bai daɗe da musulunta ba, sunansa Yunus. Mu kuwa muka ce Yunusa. Larabcinsa na littafi ne zalla, in zai ce a miƙo masa ruwa sai ka rantse huɗuba zai fara. Yajina ya sa shi hawaye, amma ya nemi ƙari, kuma tun daga nan na san yaron yana da ladabi.

Da zafi ya tsananta ciwo ya kwantar da shi, aka kai shi asibitin su Nafisa, ita ta tsaya tsakaninsa da likita. Bayan ya warke da 'yan watanni sai ga Malam Sani ya zo shi kaɗai, ba ranar tuwo ba, ya zauna yana ta murza hula. Ya ce Yunusa ne ya aiko shi neman iri. Na tambayi uwarku, wadda ta riga ta mayar da manema har na gaji da ba mutane haƙuri, sai ta sunkuyar da kai ta yi shirun da kowace uwa ta san ma'anarsa. Daga ranar na daina fitowa gaban Yunusa, tunda ya zama suruki ko da ba a ɗaura ba. Tuwonsa sai dai in aika.

Maganar aure kuwa ba a hannuna take ba. Tana hannun Alhaji Shehu, wan kakanku, wanda su Nafisa ke kira Baffa. Yana da kantin yadi a unguwar Zahir, yana da takardar zama ɗan ƙasa, kuma in ya yi magana a dangi an gama. Ba zan ci haƙƙinsa ba don ba ya raye: shi ya riƙe mu da ƙanensa ya rasu, shi ya saya wa Azuz motar farko, kuma bai taɓa goranta mana ba. Ya zo gidan aka zauna a falo, shi da Azuz da Yunusa da Malam Sani, ni ina bayan labule. Farar fata ba ta dame shi ba. Ya tambayi sallarsa, ya sa shi ya ja ayoyi, ya gamsu. Sannan ya tambayi sana'ar da yake yi kafin ya zo karatu, ubanku Yunusa kuwa bai iya kwana-kwana ba.

Ya ce da Turanci, don Larabcinsa bai kai nan ba, shi mawaƙi ne. Tun yana saurayi ya fara kaɗa jita a ɗakin ajiye motar gidansu, shi ke tsara waƙarsa shi ke rerawa. Daga baya suka haɗu su uku suka sayi wata tsohuwar mota, suna bin garuruwan ƙasarsu masu nisan tsiya cikin ƙanƙara, su yi wasa a ƙananan ɗakuna, su kwana a ƙasan falon duk wanda ya tausaya musu. Ba babban kamfani a bayansu, rayuwar hannu baka hannu ƙwarya ce. Ya yi faifai uku. Bayan na ukun ya ajiye jita, bai sake ɗauka ba.

Malam Sani ya fassara wannan duka da Hausa, ya rage murya kamar mai kai saƙon rasuwa. Baffa ya dube shi ya ce:

"Tambaye shi, wa yake yi wa waƙa?"

"Alhaji, ya ce ba kowa."

"Ba kowa kamar yaya? Wane ne ubangidansa? Sarki, ko attajiri, ko ɗan siyasa?"

"Ya ce ba shi da ubangida. Abin da ya dame shi yake waƙewa. Wata a kan motarsu da ta mutu a hanya, wata a kan garinsu da masana'anta ta rufe."

"To wa ke ba shi riga? Wa ke masa liƙi?"

"Wai mutane ne ke biya a bakin ƙofa su shiga su saurara."

"Ashe ma abin ya fi nan," in ji Baffa. "Wanda ke da ubangida mutum ɗaya yake roƙo. Wannan kowa da kowa yake roƙo."

Ku da kuka tashi tsakanin ƙasashe biyu ba lallai ku gane nauyin maganar nan ba. A wurin mutanenmu na da, makaɗi da mawaƙi da maroƙi duk jirgi ɗaya ne. Ana jin daɗinsu ranar biki, ana musu kyauta, amma ba a ba su 'ya. Baffa ya kawo maganar malamai a kan kiɗa, kuma ni ba malama ba ce balle in yi masa gardama a nan. Sai dai na zauna da dangin nan shekara da shekaru, na san inda abin ya fi yi masa ciwo, wato a ce a Zahir Alhaji Shehu ya ba maroƙi 'yar ƙanensa. Don haka ya kafa sharaɗi. Tunda yaron ya tuba, to a ga tuban a fili: a sauke waƙoƙin daga intanet, a hana sayarwa, asalinsu kuma a goge a gabansa. Ubanku ya ce abin da ya riga ya shiga hannun mutane ba shi da iko da shi, amma sauran yana iyawa, don shi ke da mallakarsu, kuma asalin duka suna cikin wani ɗan akwatin ƙarfe da bai fi sabulun wanka ba. Sannan ya ce ya yarda. Aka sa ranar gogewa bayan Juma'a biyu, aka yi fatiha, kowa ya tashi yana murna.

Ni ce kaɗai abin ya tsaya wa a wuya. Washegari ina yankan kuɓewa na ce wa Nafisa ta kunna mini abin da za a goge ɗin, in ji da kunnena.

"Ummi, don Allah ki bar maganar nan. Kalas, an gama, ya yarda, Baffa ya yarda."

"Na ce miki zan yi magana? Ji kawai zan yi."

Ta kunna a wayarta. Faifan farko, Allah Ya ba ubanku haƙuri, kamar ana faɗa da tukwane. Ta ce a ɗakin ƙarƙashin ƙasa na gidan abokinsa suka ɗauka, shi ya sa ake jin gurnanin injin ɗumama gida a ciki. Na biyun ya fi tsabta, wai shi ne gidajen rediyon ɗalibai suka riƙa sakawa har sunansa ya fara fita. Na ce ta wuce. Na ukun shi kaɗai ne da jitarsa, murya ƙasa-ƙasa, don a gida ya ɗauka, shekarar da ya koma jinyar mahaifiyarsa, jinyar da ba ta tashi ba. Akwai wata waƙa da Nafisa ta fassara mini, yana faɗin yadda yake taje wa uwarsa kai da ta kasa ɗaga hannu, yana koyon raba gashi da girmansa. Can wajen ƙarshe sai na ji tari daga nesa, da muryar wata mace ta faɗi wata 'yar magana.

"Wace ce wannan?"

"Mahaifiyarsa ce, daga ɗaki. Cewa ta yi abincinsa zai huce. Ya bar shi a ciki bai cire ba."

Na ajiye wuƙar. A nan dole in gaya muku abin da ko 'ya'yana ba su sani ba a lokacin. Mahaifina, da Makka ta sani da Alhaji Garba mai siriya, wato tsiren nan namu da Larabawa suka karɓa, makaɗin mahauta ne a garinmu can ƙasar Zamfara. Kalangu yake kaɗawa ranar kasuwa in an yi yanka, kamar yadda ubansa ya yi. Da kalangun nan ya ciyar da mu a doguwar hanyar Sudan ina ƙarama, duk zangon da muka sauka in akwai Hausawa sai ya rataya shi. Da muka iso bakin teku ya ba wani shi kyauta, ya hau jirgi hannu sake. Ya tara mu ya ce, abin da ya bari a waccan gaɓar kada wanda ya tsallako da shi, ko a baki. Ya cika alkawarinsa har ya koma ga Allah. Sai dai wani lokaci in yana jiran masu saye, yatsunsa kan fara taɓa tiren nama su kaɗai, in ya farga sai ya dunƙule hannun ya tura aljihu. Mutum ɗaya ya gaya wa, shi ne kakanku, kafin ya karɓi sadakina, don ya ce ba zai aurar da 'ya a kan rufa-rufa ba. Kakanku ya ce shi Kulu ya gani ba kalangu ba, kuma bai sake ta da zancen ba. To ga ni da furfurata, mutumin da aka ce in ya kaɗa kasuwa kan tsaya, ba ni da sautinsa ko na ƙiftawar ido da zan kunna wa jikokinsa. Wannan rashin yana mini ciwo, kuma sai ranar na san girmansa.

Na aika aka kira Yunusa, na ajiye kunyar surukuta na yi masa magana ta bayan labule, da Larabcina na kasuwa. Na tambaye shi ko abin ba ya yi masa zafi. Ya ce yana yi, amma Nafisa tana da rai, waƙoƙi kuwa ba su da shi, kuma ba ya so ya shiga gidan mutane da rigima. Na ce masa jita ya ajiye don Allah, wannan tsakaninsa da Ubangijinsa ne, ban ce ya ɗauka ba. Amma muryar uwarsa ba tasa ba ce shi kaɗai, akwai waɗanda ba a haifa ba da ke da rabo a ciki. Ku ke nan, ko da yake a lokacin ban san ku uku za ku zo ba, balle in san za ku cinye mini dabino. Na ce ranar da aka sa ya zo, amma ya bar akwatin a ɗakinsa.

Ranar ta zo, Baffa ya zauna ya tambayi akwati, ubanku ya dubi labule. Na yafa mayafina na fito. Tunda aka kawo ni gidan nan amarya ban taɓa zama a gaban Alhaji Shehu cikin maza ba.

"Yaya Alhaji, ni na hana shi kawowa."

"Ke, Kulu? A kan me?"

"Ina da tambaya. Don Allah za a goge, ko don kada a ce an ba maroƙi 'ya?"

"Duka biyun. Mu gidan malamai ne, ba mu taɓa haɗa jini da masu kiɗa ba."

"Kun haɗa, Yaya. Tun ranar da aka ɗaura mini aure da ƙanenka. Alhaji Garba mai siriya da kake cewa ba ka ga mai tsoron Allah irinsa ba, makaɗin mahauta ne, ɗan makaɗi. Ga jikansa nan zaune kusa da kai."

Azuz ya zabura. "Esh hada, ya Ummi? Me kike faɗa haka?"

Baffa bai dube shi ba. Ya ce, "Usmanu ya sani?"

"Ya sani kafin ya biya sadaki."

Baffa ya miƙe a hankali, ya gyara ƙullin mayafin kansa, ya ce to mu nemi waliyyi, shi ya cire hannunsa. Ya sa takalmansa ya fita, ko shayin da aka zuba masa bai taɓa ba.

Abin da ya biyo baya ba daɗi. Kafin mako ya zagayo magana ta gama Hindawiyya ta haura Zahir. A wani taron suna wata ta turo mini ƙwarya tana dariya, wai Hajiya a ɗan taɓa mana. Gidan da Azuz ke neman aure suka fara cewa yarinya tana son ta ƙara karatu, alhali kowa ya san ita da littafi ba sa ga maciji. Nafisa ta daina cin abinci tare da ni. Karatun Yunusa ya zo ƙarshe, iƙamarsa, wato takardar izinin zamansa, na gab da ƙarewa, in ya tafi ba a ɗaura ba kuwa, Allah kaɗai Ya san ko zai samu dawowa. Wata rana ta tsaya a ƙofar kicin ta ce, "Ummi, shi ya haƙura da waƙoƙinsa, ke me ya sa ba ki haƙura da su ba? Aurena ne fa." Na ji tsoro ƙwarai a kwanakin nan, ina ganin kamar na sayar da farin cikin 'yata, na kuma tona abin da mahaifina ya roƙe ni in rufe, duk a zama ɗaya. Na yi ta nema masa gafara, ina neman tasa.

Limamin unguwarmu ya ce a shari'a wa ya fi baffa kusa, Azuz yana iya ba da ƙanwarsa. Amma Azuz ba ya ko haɗa ido da ni, ya fita da sassafe, ya dawo ya shige ɗaki. Ashe ya je Zahir ba da sanina ba, don ya ba Baffa haƙuri a gyara. Ya dawo da la'asar ya same mu, ya jefa makullin mota a kan tabarma.

"Ni zan ba da ita," ya ce.

"Me Baffa ya ce?" in ji Nafisa.

"Ya ce da ya sani tun farko, da bai bar Abuya ya auri Ummi ba." Ya dube ta. "Ya'ani da ni da ke ba mu zo duniya ba ke nan. Ɗayyib, to shi ke nan. Tunda mun zo, ni zan ba da ke."

Aka ɗaura a masallacin unguwa, mutane kaɗan, yawancinsu 'yan cin tuwon Juma'a. Baffa bai zo ba, kuma bai sake taka gidana ba har ya rasu, ko da muka koma unguwar Ka'akiyya. Na je ta'aziyyarsa na zauna a gefe kamar baƙuwa, na yi kuka na gaske, don mutum ne da ya yi mana alheri, kuma ni na jawo muka rasa shi. Auren Azuz na wancan gidan bai yiwu ba, sai daga baya Allah Ya ba shi wadda kuka sani. Ubanku bai koma kiɗa ba, ya zama malamin makaranta kamar yadda kuka tashi kuka gan shi, akwatin kuma yana wurin uwarku. Duk wanda ya ce muku ni na mayar da shi waƙa, ku ce ya zo ya faɗa a gabana.

Ranar ɗaurin auren, da maza suka watse, ina kicin ina kankare ƙanzo, sai Azuz ya shigo da farar rigarsa ya tsuguna a bakin ƙofa. Na ɗauka abinci yake so. Ya daɗe yana wasa da murfin tukunya.

"Ya Ummi, kiɗan Jaddi ɗin, mahaifinki, yaya yake?"

Na jawo tiren shayi na kife shi a cinya. Akwai taken sarkin fawan garinmu, wanda na ji a kowane zango tun daga gida har bakin teku, na ɗauka yana nan a hannuna daram. Na fara, yatsuna suka kama, na bi shi har wajen rabi, inda ya kamata ya juya ya hau. A nan ya tsaya. Na koma farko na sake zuwa, ya sake tsayawa a wurin. Na nemi sauran sama da ƙasa, babu.

"Shi ke nan?" in ji Azuz.

"Shi ke nan abin da ya rage."

Ya ciro wayarsa daga aljihu, ya danna, ya ajiye ta a hankali kusa da tiren.

"Sake yi, Ummi. Ko rabin ne."

Na share idona da bakin zane, na sake yi.